Jaririn da ke ciki yana magana, wa ke saurarensa?

Bara da damina na raka yayata matarniti. Faya ta fashe bayan isha'i, muka isa wajen ƙarfe goma na dare. Sajfam ɗaya ce ke aiki, ga mata biyar masu naƙuda a hannunta. Ta ɗora ɗan ƙahon nan a cikin Yaya, ta kanga kunne, ta ce yaro lafiya lau. Nan take aka kira ta wajen wata mai zubar jini, ba ta samu dawowa ba sai bayan awa uku. Da ta sake ɗora ƙahon, sai na ga fuskarta ta canja. Aka shiga neman ambilans, aka shiga neman mai. Sai da asuba aka yi aiki. Namiji ne, cikakke, bai zo da rai ba.

Masu gaisuwa suka yi ta cewa haƙuri, haka Allah ya ƙaddaro. Na yarda da ƙaddara. Amma wallahi awa ukun nan sun hana ni barci. Ban ga laifin sajfam ɗin ba, da ta bar mai zubar jinin da gawa biyu za a kwasa. Abin da na gano daga baya shi ne, a cikin awa ukun nan yaron yana ta neman agaji, babu kunnen da zai ji shi.

Jaririn da ke ciki ba ya kuka, bugun zuciyarsa ne bakinsa. Mai lafiya zuciyarsa na bugawa sau 110 zuwa 160 a minti ɗaya. Duk lokacin da ciki ya murɗa, mahaifa na matse jijiyoyin da ke kai jini ga mabiyiya, iskar da yake samu ta ragu na ɗan lokaci. Yawancin jarirai na jurewa, ko bugun ya ɗan sauka, da ciki ya saki sai ya koma daidai. Inda ake jin tsoro shi ne bugun ya faɗi bayan murɗawar ta wuce kuma ya daɗe bai dawo ba, ko ya zauna ƙasa da 110, ko ya haura 160 ya ƙi sauka. In kuma ruwan faya ya fito kore mai kauri, wato jariri ya yi kashi a ciki, to sai a ƙara sa ido.

Shi ya sa Hukumar Lafiya ta Duniya, OMS, a ƙa'idojinta na 2018 ta ce a riƙa sauraren bugun kowane minti 15 zuwa 30 in naƙuda ta kankama, sannan kowane minti 5 in mace ta fara nishi. Kowane saurare ya kai minti ɗaya aƙalla, in ciki ya murɗa a ci gaba har bayan ya saki. A kuma rubuta a partogram, takardar nan da ake bin tafiyar naƙuda da ita, don mai karɓar aiki ta san inda aka kwana.

Wani zai ce ai matsalarmu rashin na'ura ce, a kawo mana irin ta Turai mai ɗamara a ciki tana zana bugun a takarda babu tsayawa. Na'urar na da amfani ga mace mai matsala, kamar mai hawan jini. Amma ga mace mai lafiya OMS ba ta ba da shawarar a ɗaura ta ba, don bincike ya nuna tana ƙara yawan sezariyan ba tare da ta rage mutuwar jarirai ba. Ƙahon da likitan Faransa Adolphe Pinard ya ƙirƙiro tun ƙarni na 19, ko ƙaramar na'urar dofla ta hannu mai aiki da batir, sun wadatar. Ƙaho ba ruwansa da ɗauke wuta. Abin da yake buƙata kunne ne mai horo, da lokaci. To ku lissafa da kanku: mata biyar, ɗaya na nishi, ɗaya na jini, sajfam ɗaya. Ta yaya?

Kuma ji kaɗai ba ya ceton rai, sai an yi aiki da abin da aka ji. In bugun ya lalace akwai matakan da aka sani. A taɓa hannun uwar a tabbata ba nata bugun aka ƙirga ba. A juya ta ta kwanta ta gefen hagu. In an sa mata ruwan naƙuda, a tsayar da shi. A duba ko zazzaɓi ne, don zafin jikin uwa, irin na maleriya, na sa zuciyar jariri gudu. A duba ko cibiya ce ta riga kai fitowa. In bugun bai gyaru ba, babu sauran jira, sai a fitar da yaro, ko a jawo shi in ya sauko, ko a yi aiki. A nan ne mintoci ke da tsada. CSI ba ya sezariyan, sai an tura likitar gunduma, ko CSME na jiha kamar na Maraɗi, Zinder da Tahoua, ko Issaka Gazoby a Yamai. Tun 2005 doka ta ce sezariyan kyauta ne, a 2024 kuma aka sanar da haihuwa kyauta a likitocin gwamnati. Madalla. Amma kyautar da sai an yi awa biyu ana karo-karon kuɗin mai kafin a kai gare ta, jariri ba zai jira ta ba.

Rahoton Majalisar Ɗinkin Duniya na 2020 ya ce kusan jarirai miliyan 2 ake haifa babu rai kowace shekara, kuma fiye da kashi 40 cikin ɗari a lokacin naƙuda suke rasuwa. Ma'ana da rai suka shiga naƙudar. Mu nan ko suna ba a sa musu, a binne, a ce Allah ya kawo mai albarka. Wanda ba a ƙirga ba kuwa, ba a yi masa kasafi.

Mu ma da namu laifin. Kunyar haihuwar fari na sa yarinya ta danne naƙuda har ta kwana. Tsofaffi su jiƙa maganin saurin haihuwa, ciki ya yi ta murɗawa babu hutu, jariri ya rasa sararin samun iska. Maigida ya yi tafiya, an zauna jiran izininsa. Kafin a isa likita, babu sauran abin da ƙaho zai ji.

Don haka ƴan uwa matasa, mu da ke da waya a hannu, mu ne masu rakiya yanzu. In ka kai matarka, in kin raka ƴar uwarki, ku tambaya cikin ladabi: “Madam, an saurari zuciyar yaron? Nawa take bugawa? Yaushe za a sake ji?” In lokaci ya wuce, ku tuna mata, ba da faɗa ba, ita ma ta gaji. Ku tanadi kuɗin mota da mai ba da jini tun ana zuwa awo. Ku shiga taron COGES na unguwarku ku tambaya: sajfam nawa ke kwana, dofla na aiki, ambilans na da mai, ana cika partogram? Hukumomi kuma mu ce musu a ɗauki sajfam ɗin da suka gama karatu suna zaune gida, kuma duk jaririn da ya shiga matarniti da rai ya fito babu rai, a zauna a binciki dalili.

Yaya ta sake samun ciki. Wannan karon ni zan riƙe agogo. Allah ya sauki masu ciki lafiya.