GIDAN MILIYAN GOMA, BIYAN MILIYAN HAMSIN

Jama'a, kwanakin nan duk inda ma'aikata biyu ko uku suka taru, ba a daɗe sai zancen bashin gida ya shigo. Bankuna suna ta kiran mutane, wai ka zo ka zama mai gida yau, ka biya a hankali. Tambayar da kowa ke yi guda ɗaya ce: nawa zan riƙa bayarwa a wata? Da ya ji adadin bai fi ƙarfin albashinsa ba, sai ya miƙa hannu a ba shi alƙalami. Ban cika jin wanda ya tambayi jimillar abin da zai biya daga watan fari har ranar da za a mayar masa da takardun gidansa ba. To, tun da ya ke aikina na akawu ne, kuma lissafi ba ya jin kunyar kowa, bari mu yi shi tare a nan.

Mun san jingina tun kaka da kakanni. Mutum ya shiga matsi, ya jinginar da gonarsa, mai kuɗi ya riƙa nomanta, ran da ya kawo abin da ya karɓa a mayar masa da abarsa. Kuɗin ba ya ƙaruwa ko da an shekara goma. Jinginar banki ba haka ta ke ba. Kai ke zaune cikin gidan, takardu na hannunsu, kuɗin kuwa yana haihuwa kowane wata. Wannan haihuwa ita ce kuɗin ruwa, kuma a kan abin da ya rage na uwar kuɗi a ke lissafa ta.

Mu fara da bashi mafi sauƙi a ƙasar nan. A 1992 gwamnatin soja ta kafa Asusun Gidaje na Ƙasa, ta sa a riƙa yankar kashi 2.5 cikin 100 na albashin ma'aikaci ana zubawa, Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya kuwa shi ke riƙe da asusun. Wanda ya cika sharuɗɗa ana ba shi rance da ruwa 6 cikin 100 a shekara, ya biya cikin shekaru har 30. A ce malamin makaranta ya ci naira miliyan 10 bisa wannan sharaɗi. Biyansa na wata naira 59,955 ne. Wata 360 ke cikin shekara 30. In ka buga, za ka sami naira miliyan 21 da dubu 580 da ɗoriya. Watau ya sayi gida ɗaya ya biya kuɗin biyu, har da sauran canji a kai. Wannan fa shi ne bashin da a ke kira na gata.

Amma abin da ya fi ba mutane mamaki shi ne yadda a ke kasa kuɗin da su ke kaiwa. A watan fari, cikin naira 59,955 ɗin nan, 50,000 cif ruwa ne. Abin da ya taɓa uwar kuɗi naira 9,955 ne kurum. Wata na biyu ma kusan haka. Bayan shekara 10 malamin nan ya zuba naira miliyan 7 da dubu 190, yana tsammani ya ci rabin tafiya ko kusa. Ya je ya tambaya, sai a ce ana binsa miliyan 8 da dubu 370. Ba cutarsa aka yi ba, haka tsarin ya ke: banki yana fara kwasar ruwansa tun bashin na da ƙiba. Sai ya shiga shekara ta 19 kafin rabon uwar kuɗi ya fi rabon ruwa cikin biyan wata, sai kuma wajen shekara ta 21 kafin rabin bashin ya faɗi. Wanda ya ci bashin yana da shekara 30 a duniya, ya yi furfura kafin ya ga wannan rana.

To, wannan na masu sa'a ne. Wanda bai sami na asusu ba, sai bankin kasuwa. A 2024 ruwan da bankunan kasuwa ke ɗorawa ya haura 20 cikin 100, wani wurin ma ya doshi 30. Mu ɗauki 25. Naira miliyan 10 ɗin nan dai, a biya cikin shekara 20: kowane wata naira 209,822. Jimilla naira miliyan 50 da dubu 360. A watan fari, cikin wannan tulin kuɗi, abin da ya rage uwar kuɗi bai kai naira 1,500 ba, ko kuɗin cefanen rana guda bai yi ba. Bayan shekara 5 mutum ya kai musu miliyan 12 da rabi da 'yan kai, ya wuce abin da ya karɓa tun tuni, amma ana binsa miliyan 9 da dubu 800 har yanzu. Ina wanda zai ji wannan a fili ya sa hannu?

Ga wani abu kuma da ya kamata a lura da shi. Ma'aikacin banki ya kan ce, bari mu ƙara maka shekaru don biyan ya yi maka sauƙi. A ruwa 25 cikin 100, in shekara 15 ce biyan wata naira 213,553 ne, jimilla miliyan 38 da dubu 440. In aka ja ta zuwa 20, sauƙin da ka samu a wata bai kai naira 4,000 ba, alhali kuwa an ƙara maka kusan miliyan 12 a kan jimilla. Sauƙin nan nasu ne. In ruwa ya yi yawa, tsawon shekaru ba ya rage wa mai biya komai sai kwanakinsa.

Akwai kuma masu wasa da suna. Wani mai ba da rance zai ce ruwansa 15 ne kawai, amma yana lissafa shi a kan dukan abin da ka karɓa tun farko, kowace shekara, kamar ba ka taɓa biyan ko kwabo ba. Miliyan 10 a shekara 5 ta wannan hanya ruwanta miliyan 7 da rabi ne. In aka mayar da shi lissafin gaskiya, watau a kan abin da ya rage, ya tasam ma 25 cikin 100. Saboda haka in an gaya maka adadin ruwa, ka tambaya a kan me a ke ɗora shi.

Sa'an nan ka tambaya ko ruwan tsayayye ne ko mai motsi. Yawancin takardun bankunan kasuwa suna da layin da ya ba su ikon sake ruwa in kasuwa ta sake. A farkon 2022 ma'aunin ruwa na Babban Bankin Nijeriya 11.5 ne cikin 100. Kafin ƙarshen 2024 ya kai 27.5. Mutumin da ya yi lissafinsa a 2021 ya kwanta da daɗin rai, bai ƙara cin bashi ba, bai yi laifin komai ba, sai wasiƙa ta zo an ƙara masa biyan wata. Albashi kuwa yana nan inda ya ke.

Duk wannan lissafi ban sa kuɗin bakin ƙofa ba. Akwai abin da za ka fara ajiyewa daga aljihunka. Akwai lauya, da mai kimanta gida, da inshorar gobara da ta rai waɗanda a ke biya muddin bashin na nan. Dokar filaye ta 1978 ta ce ba a jinginar da fili mai takardar shaidar mallaka sai da yardar gwamna, yardar nan kuwa da kuɗinta, ga kuɗin kan sarki, ga na rajista, ga sintiri ofis ofis wata da watanni. Bayan ka shiga kuma, rufi in ya yi yoyo babu maigidan haya da za ka kira. Tun 2022 an yarda ma'aikaci ya ciri har kashi 25 cikin 100 na ajiyarsa ta fansho ya biya kuɗin farko na gida. Ana murna da wannan, ni ma ban ce a hana ba. Amma a rubuta shi cikin tsadar gidan, gama tuwon tsufa ne aka ɗiba, kuma ribar da zai tara cikin shekara 20 ta tafi tare da shi.

Kada mai karatu ya ce akawun nan ya zo ne ya tsorata mu da bashi. Gaskiya tana da wani gefe, kuma dole in faɗe shi. Naira ba ta tsayawa wuri ɗaya. Albashi mafi ƙanƙanta naira 18,000 ne a 2011, ya koma 30,000 a 2019, ya koma 70,000 a 2024. A watan Disamba na 2024 hauhawar farashi ta kai 34.8 cikin 100. Wanda ruwansa tsayayye ne a kan 6, naira 59,955 da ke danne shi bana, nan da shekara 15 wataƙila ba ta fi kuɗin buhun hatsi ba, kuɗin haya kuwa maigida na ƙara shi duk lokacin da ya ga dama. Saboda haka miliyan 21 ɗin can ba ta kai nauyin da ta ke da shi a ido ba, muddin aikin mutum ya ɗore kuma albashinsa na bin sawun kasuwa. A ganina wanda ya sami bashin asusu, kuma ya tabbata zai iya, ya karɓa. Na 25 mai motsi kuwa, gara mutum ya sayi filinsa ya riƙa ɗora bulo ɗaya ɗaya kamar yadda iyayenmu suka yi, ko da zai shekara 10 bai rufa ba.

To, amma wa ke samun na asusun? Nan ne maganar ta daina zama lissafi kurum. Ƙa'ida ita ce biyan wata kada ya wuce sulusin abin da mutum ke samu. Watau mai son miliyan 10 sai albashinsa ya kai wajen naira 180,000. Masinja ko leburan ofis mai naira 70,000, sulusinsa 23,333 ne, abin da wannan zai ɗauko masa bai cika miliyan 4 ba, ko da an ba shi shekara 30 ɗin cif. Ina gida mai cikakkiyar takarda na miliyan 4 a Abuja, ko Kaduna, ko cikin birnin Kano? A farkon 2024 buhun siminti kaɗai ya haura naira 10,000 a kasuwanni da yawa. Ga shi kuma ana so a gama biya kafin mutum ya bar aiki, saboda haka mai shekara 45 ba zai ga shekara 30 ɗin ba sam. Duk da haka ana yankar nasa kowane wata. In an lissafa a kan 70,000, naira 1,750 ke nan. A 2023 an sassauta wa ma'aikatan kamfanoni, aka ce su in sun so, amma na gwamnati dole ne. Ran da ya bar aiki za a mayar masa da abin da ya tara da ɗan ruwa ƙanƙane, bayan tsadar kaya ta cinye ƙarfin kuɗin. Arahar da babban ma'aikaci ke mora a kan 6 cikin 100, wani ne ya biya ta, kuma mai biyan shi ne wanda ke share masa ofis.

Masu gudun riba saboda addini suna da bankunan da ba su ɗora ruwa, irin su Jaiz da ya buɗe a 2012. Can banki ke sayen gida ya sayar maka da ƙari sananne, ko ya ba ka haya har ka mallaka. Hukuncin wannan na malamai ne. Abin da zan ce kawai, can ma ka nemi jimilla a rubuce, ka tambaya ko kuɗin hayar na iya sakewa.

Abin da mu ke nema ga 'yan majalisa ba mai wuya ba ne. A Amurka tun 1968 akwai dokar da ta tilasta mai ba da rance ya bayyana wa mai karɓa ainihin ruwan shekara da jimillar abin da zai biya kafin ya sa hannu. A nan ma a tabbatar kowace takardar bashin gida ta ɗauki waɗannan a shafin farko da manyan baƙaƙe, da Hausa ga mai jin Hausa, tare da jadawalin da ke nuna abin da ya rage ƙarshen kowace shekara. A hana cin tarar wanda ya so ya biya da wuri. Wannan na ƙarshe ba ƙaramin abu ba ne: malamin can mai miliyan 10, in yana ɗora naira 10,000 a kan biyansa kowane wata tun daga farko, kuma ana zuba ta kan uwar kuɗi, zai gama cikin shekara 21 maimakon 30, ya tsira da kusan naira miliyan 4. Gwamnoni kuma su rage kuɗin yarda da na rajista, su sa wa ofisoshin filaye wa'adi. Asusun Gidaje kuwa ya riƙa bugawa kowace shekara, a jaridun da talaka ke karantawa, mutum nawa suka zuba, mutum nawa suka sami rance, kuma daga wane matakin albashi su ke.