Tuntuɓen Harshe Dabam, Katoɓara Dabam

Jama'a, ranar Litinin 7 ga watan Agusta na 2023, da dare, Majalisar Dattawa a Abuja ta gama tantance ministoci tana shirin tafiya hutu, sai shugabanta Sanata Godswill Akpabio ya sanar wa 'yan'uwansa cewa Akawun Majalisar Tarayya ya aika wa kowannensu ɗan abin hasafi ta banki don su ji daɗin hutu. Ashe ana nuna zaman a talabijin kai tsaye. Da na kusa da shi suka ankarar da shi, sai ya ce ya janye maganar, wai addu'o'i ne ya aika musu don su je lafiya su dawo lafiya. Kashegari duk inda ka zauna, daga Agege zuwa Sabon Badun, hirar ke nan, kowa yana cewa bakin shugaban majalisa ya suɓuce.

Ni dai ban yarda abin da ya faru a daren nan tuntuɓen harshe ba ne. Mun saba mu zuba abubuwa biyu a buhu ɗaya, muna kiransu suɓutar baki, alhali kuwa ba dangin juna ba ne. Wannan haɗawa da mu ke yi ita ke sa mu kama marar laifi mu saki mai laifi, kuma mu da ke zaune a Kudu muna cin abinci da harshen da ba namu ba, mu ne ya fi kamata mu san bambancin.

Bari mu fara da tuntuɓen gaskiya. A Nuwamban 2022, Bola Tinubu ya buɗe yaƙin neman zaɓensa a Jos, ya zo rufe jawabi da addu'a, sai ya fara roƙa wa PDP albarka. Bai ƙarasa harafi na uku ba ya kama kansa ya ce APC. Bayan 'yan makonni, a Jos ɗin dai, Atiku Abubakar ya buɗe baki zai ce a zaɓi PDP, sai harafin farko na APC ya riga shi fita. Sa'an nan a Fabrairun 2023, a Kano, shugaban PDP na lokacin, Iyorchia Ayu, ya ce PDP ta jawo wa ƙasa abin kunya, alhali abokan hamayya ya ke nufi. Kowane ɗaya daga cikin ukun nan an yi masa fassara iri ɗaya, wai abin da ke cikin zuciya ne ya fito. To, a kan Atiku mai wannan ra'ayi yana da ɗan abin kamawa, tun da ya taɓa zama a APC. Amma Tinubu fa? Bai taɓa shiga PDP ba ko na kwana ɗaya. Wace ƙauna ce ya ɓoye mata?

Wannan ra'ayi na cewa harshe yana tona zuciya ba mu kaɗai ke da shi ba. Wani likita a birnin Biyana na ƙasar Ostiriya, Sigmund Freud, ya rubuta littafi a 1901 yana cewa kuskuren baki alama ce ta wani buri ko tunani da mutum ya danne. Maganarsa ta bazu ƙwarai don tana da daɗin ji. Amma tun kafinsa, a 1895, a garin nan dai, wani masanin harshe mai suna Rudolf Meringer tare da wani likita Karl Mayer sun riga sun fitar da littafin da suka tara kurakuran baki a ciki. Meringer ya kan zauna cikin abokan aikinsa da takarda a hannu, duk wanda ya yi tuntuɓe ya rubuta. Abin da ya gano shi ne kurakuran nan suna da tsari, ba kara zube su ke zuwa ba. Daga baya wata malama a Jami'ar Kalifoniya ta Amurka, Victoria Fromkin, ta sake ɗaukar aikin a 1971, ta tara dubbai, ita ma ta iske haka.

Mene ne tsarin? Ka dubi abin da ke faruwa a gidanka. Uwa za ta kira ɗanta Sani, sai ta ce Audu, ta ce Garba, ta bi sunayen 'ya'yanta duka kafin ta faɗa kan wanda ta ke nema. Ba za ka taɓa jin ta kira shi tukunya ko Talata ba. Suna da suna ya ke musanya, kuma sunan ɗan gida da na ɗan gida. Dalili kuwa shi ne kalmomi a cikin ƙwaƙwalwa unguwa unguwa su ke zaune, in ka ƙwanƙwasa ƙofar ɗaya maƙwabtanta duk sai su farka, wani lokaci maƙwabciyar ta riga mai gida fitowa. Ɗan siyasar da ya yi wata uku yana ambaton jam'iyyu biyu safe da yamma, kowacce harafi uku, kowacce da P a cikinta, ai ya ajiye su ɗaki ɗaya. Wanda ya fi zagin abokin hamayya shi ya fi kusa da kiran sunansa.

Wani lokaci ma maƙwabtan biyu su kan fito tare su matse a bakin ƙofa. Mutum yana tsakanin ya ce gobe ko jibi, sai ka ji ya ce "jobe". Irin wannan ya sami marigayi Shugaba Muhammadu Buhari a Warri cikin Janairun 2019, sa'ad da ya ke miƙa wa Great Ogboru tutar takarar gwamnan Jihar Delta. Ya fara kiransa ɗan takarar shugaban ƙasa, aka gyara masa ya ce na sanata, a karo na uku sai ya ɗauki kan kalmar Turanci ta gwamna ya liƙa mata wutsiyar kalmar da ya faɗa yanzun nan ta sanata, ya haifi kalmar da babu ita a ƙamus. An yi dariya, amma duk wanda ya saurara da kyau zai ji cewa sabuwar kalmar ta bi ƙa'idar ginin kalmomin Turanci sarai.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne wanda na ji da kunnena a wajen wani maƙwabcina direba. Zai ce ya bar makullin a ƙofa, sai ya ce, "Na bar ƙofar a makulli." Mai karatu, tsaya ka duba. Bai ce "ƙofan" ba. Makulli namiji ne, yana ɗaukar -n. Ƙofa mace ce, tana ɗaukar -r. Da kalmomin suka yi musayar wuri, ƙofa ta zauna a kujerar makulli, sai aka ɗinka mata tata rigar daidai da jikinta. Watau ke nan ba kalma bayan kalma mu ke magana ba kamar mai jan carbi. Da farko akwai abin da ka ke son faɗa. Sa'an nan a shimfiɗa gurabe a zaɓo kalmomin da za su zauna ciki. Bayan nan ne a ke sa musu ɗafe-ɗafensu, a jera sautukansu, kana a ba harshe da leɓɓa umurni. Kuskuren direban nan ya auku a mataki na biyu, mataki na uku kuwa ya yi aikinsa tsaf bisa abin da aka miƙo masa. Kuma da ya ke ƙofa tana can ƙarshen magana amma ta riga ta fito a farko, lalle an riga an tanade ta tun bai buɗe baki ba. Wani masani Ba'amurke, Merrill Garrett, da irin waɗannan misalai ya tsara matakan nan a 1975.

Sautuka ma haka su ke yi, baƙi da baƙi, wasali da wasali, farkon gaɓa da farkon gaɓa. Turawa har suna suka sa wa abin, daga sunan wani malamin Jami'ar Okusfod, William Spooner, wanda ya rasu a 1930, ko da shi ke yawancin abin da a ke jingina masa ɗalibai ne suka ƙaga. Mu kuwa muna da kalmomin da suka zauna da fuska biyu, wani gari su ce bagaruwa wani su ce gabaruwa, hawainiya da wahainiya, bincike da binkice. Babu wanda ya taɓa zargin mai cewa wahainiya da ɓoye wani abu a ransa.

In an yi lissafi ma, abin yabo ne yadda ba mu cika tuntuɓe ba. Willem Levelt na ƙasar Holan, wanda littafinsa na 1989 ya zama madogara a wannan fanni, ya ƙiyasta cewa mai magana ya kan fitar da kalma biyu zuwa uku a daƙiƙa guda, yana zaɓo su daga cikin dubban da ya sani, amma kuskurensa ba ya wuce ɗaya ko biyu cikin kalma dubu. Sai dai gajiya da tsoro da gaggawa da fushi da murna duk suna ƙara shi. Malamanmu sun san wannan tun tuni. A cikin Sahihu Muslim akwai hadisin mutumin da raƙumarsa ta ɓace masa a daji da guzurinsa a kanta, har ya fid da rai, sai ya gan ta tsaye a gabansa. Ya so ya yi godiya ga Allah, sai ya musanya kalmar bawa da ta Ubangiji. Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya bayyana cewa kuskure ne saboda tsananin farin ciki. Ga magana wadda in da gangan aka yi ta babu abin da ya fi ta muni, amma ba a kama shi da ita ba. Kuma ka lura, irin kuskuren direban nan ne, suna biyu suka yi musayar gurbi.

Ba na cewa Freud bai da gaskiya ko kaɗan. Abin da ya dami mutum ya kan tura kalmominsa gaba a layi, an kuwa gwada haka an gani. Amma damuwa da abu dabam, ƙaunarsa dabam. Haka nan in dattijo ya wayi gari kalmomi suna kuɓuce masa ba ƙaƙƙautawa, ko bakinsa ya karkace, wannan ba abin dariya ba ne, a gaggauta kai shi asibiti, don yana iya zama farkon shanyewar ɓarin jiki. Jama'a kuma suna da haƙƙin tambayar lafiyar mai neman mulkinsu. Abin da ba su da shi shi ne yanke hukunci da kalma ɗaya da aka yanko daga jawabin sa'a guda.

Yanzu na zo kanmu. Wasan nan na karya harshe da mu ke yi muna yara, na kwaɗo da ƙato da ire-irensa, Hausawa suna kiransa gagara-Gwari. Sunan kansa ba'a ce ga Gbagyi, mutanen da a ƙasarsu aka gina Abujar nan, don kawai Hausa ba harshensu na gida ba ne. To, ga shi yau mu ne Gwarin Ikko da Badun da Fatakwal. Bayarabe yana da kalmar oko wadda in ka canja mata karin sauti ta kan zama miji, ko mota, ko fartanya, kamar yadda mu ke da gari na zama da gari na tuwo. Bahaushen da ya rikita su ba tuntuɓe ya yi ba, bai kai ga sani ba ne, kuma shi ma ba zagi ya yi ba. Mai magana da harshe biyu ko uku kuwa kayansa sun fi nauyi, domin duk harsunan a farke su ke a kansa, yana danne ɗaya yana aiki da ɗaya. Sau nawa ciniki ya zama cacar baki a kasuwa saboda kalmar da mai ita bai nufa ba? Wanda ya ke so a yi masa uzuri in ya ɓata Yarbanci, ya daina ƙyalƙyala dariya in Inyamiri ya ce da mace "ka zo".

Hanyar rarrabewa ba ta da wuya. Mai tuntuɓe ya san daidai, kuma galibi shi ke fara kama kansa, domin kowane mai magana yana sauraron kansa tun kafin wani ya ji shi. Shi ya sa Tinubu ya tsaya a harafi na biyu, Atiku a na ɗaya. Abin da ya fito kuma ya kan zama ba shi da ma'ana, ko ya saɓa wa duk abin da mutumin ya ke faɗa kafin nan da bayan nan.

Ka auna maganar Abuja da wannan mudu. Jimla ce cikakkiya, babu sautin da ya kauce, babu kalmar da ta zauna gurbin wata. An faɗi wanda ya aika, an faɗi inda aka aika, an faɗi dalili. Mai maganar bai ji wani abu ya karkace ba har sai da na gefe suka tuna masa akwai masu kallo. Kuskurensa ɗaya ne, ya manta wa ke saurare, wannan kuwa sunansa katoɓara. Bayan kwanaki kaɗan Sanata Ali Ndume ya tabbatar cewa kuɗi ne, naira miliyan 2 ga kowane sanata, kuɗin hutu. Wannan kuwa ya zo ne wata biyu da 'yan kwanaki bayan an janye tallafin man fetur ranar 29 ga Mayu 2023, lokacin da kuɗin mota daga Ikko zuwa Kano ya hana da yawa daga cikinmu zuwa gida Sallah.