Kowace ciyawa da sunanta

Idan damina ta yi nisa, dajin Baban Rafi da ke kudu da Maraɗi yakan rufe da tsirrai. Wasu dogaye ne, wasu na yaɗo a ƙasa, wasu sun yi furanni. Tsohuwa ko makiyayi, in suka shiga irin wannan daji, suna kiran kowane tsiro da sunansa. Amma ƴan makaranta da yawa suna ɗaya suka sani: ciyawa. Wannan asara ce, kuma ya kamata a gyara ta.

Ga gamba. Doguwa ce, takan fi mutum tsawo, kuma tana tsirowa dami-dami daga gindi ɗaya. Da ita ake saƙa zana, a kewaye gida, a yi rumbun hatsi. Saiwarta ba ta mutuwa da rani. Ruwan farko na sauka sai ta tofo. Don haka manoma ke barin ta a iyakar gona, tana tare ƙasar da iska ke kwashewa. Wanda ya san gamba yakan yanke ta sama da gindi. Wanda bai sani ba yakan tumɓuke ta, baɗi a rasa.

Ga kuma tsirran da ake ci. Tafasa tana da fure ruwan ɗorawa da ƴaƴa dogaye sirara, ganyenta yakan rufe da yamma. Ana dafa ganyen a yi kwaɗo da ƙuli-ƙuli. Karkashi yana da fure ruwan hoda mai kama da na riɗi. Ana miya mai yauƙi da ganyensa, mata kuma suna wanke gashi da shi. Yaɗiya takan hau bishiyoyi, ganyenta na nan ɗanye ko da sauran tsirrai sun bushe.

Ko ƙarangiya, wadda ake kira cram-cram da Faransanci, ba ta rasa amfani ba. Yara ba sa son ta don tana maƙale wa tufafi tana sukar ƙafa. Amma dabbobi na cin ta tun tana ɗanya, kuma a cikin ƙayarta akwai ƙananan ƙwayoyi da ake sussukawa a daka. A shekarun fari, kamar 1973 da 1984, hatsi ya yi ƙaranci a Nijar. Gidaje da yawa da ganyayen daji da ƙwayoyin ciyawa suka riƙe rai. Waɗanda suka san abin da ake ci su ne suka ciyar da sauran.

Akwai masu cewa wannan sani ya tsufa. Suna cewa yau akwai kwanon rufi, akwai tabarmar roba, akwai asibiti, to me yaro zai yi da sunan ciyawa? Gaskiya ne waɗannan abubuwa suna da amfani, kuma mara lafiya asibiti ya kamata a kai shi. Amma duk da kuɗi ake samun su, kuma ba kowace shekara ce ake da kuɗi ba. Ban da haka, daji ba abinci kaɗai ke cikinsa ba, akwai abin da ke cutarwa. Zaƙami yana da babban fure mai kama da kakaki, gwanin kyau, amma ƴaƴansa guba ne: suna gusar da hankali, suna iya kisa. Tumfafiya tana da farin ruwa kamar nono, wanda ke ɓata ido in ya shiga. Filasko maganin wankin ciki ne a hannun manya, amma in ya yi yawa zawo yake sawa. Yaron da bai iya bambanta su ba yana cikin haɗari. Rashin sani ya fi dare duhu.

Wani dalili kuma, dajin kansa yana sakewa. A makiyaya da yawa garmani ya mamaye wurin ciyawa mai kyau, dabbobi kuwa ba su cika cin sa ba. Wanda bai san sunan gamba ba, ba zai lura ba ranar da ta ɓace daga garinsu.

Koyon wannan ba shi da wuya. Ɗan makaranta zai iya tsinko ganye da fure, ba tare da ya sa komai a baki ba, ya kai wa kakarsa ko wani makiyayi. Sai ya tambayi sunan tsiron, da inda yake fitowa, da abin da ake yi da shi. Ya busar da ganyen, ya liƙa a kaye, ya rubuta sunan da Hausa. Malam ya taimaka da na Faransanci in akwai. Ajin da kowane yaro ya kawo tsiro biyu, kafin kaka ya haɗa littafin dajin garinsu.

Tambayoyi
1. Me ya sa ake yanke gamba sama da gindi?
2. Waɗanne tsirrai ne ke da haɗari ga yara?
3. Waɗanne tsirrai biyar ne ke fitowa a bayan garinku?