Morricone Da Lambar Yabon Da Ta Makara

Sa'ad da Ennio Morricone ya rasu a birnin Rum ran 6 ga Yuli, 1920 da ɗari, watau 2020, yana da shekara 91, jaridu da yawa sun kira shi mai kiɗan finafinan kaboyi. Lalle wannan suna ya tauye shi, domin cikin finafinai fiye da 400 da ya tsara wa kiɗa, na kaboyi ba su kai kashi ɗaya cikin goma ba.

Asalin sunan kuwa daga 1964 ne, lokacin da Sergio Leone, wanda suka yi firamare tare, ya ba shi aikin A Fistful of Dollars. Kuɗin fim ɗin ba su isa a ɗauko babbar ƙungiyar makaɗa ba. Sai Morricone ya haɗa fito da ƙarar bulala da ƙararrawa da jita mai lantarki, ya fitar da abin da kunne bai saba ji ba. Masu zuwa gidajen silima suka haddace fiton nan, ko da ba su san mai shi ba.

Amma fa mutumin ya yi karatun kiɗa mai zurfi a makarantar Santa Cecilia. A 1966 ya yi aiki a The Battle of Algiers, kan yaƙin da Aljeriya ta yi da Faransa don neman 'yanci. A 1986 kuma, cikin The Mission, ya gwama waƙar coci da gangunan mutanen Kudancin Amurka.

Duk da haka, sau biyar ana sa sunansa a takarar Oscar tsakanin 1979 da 2001, bai samu ba. Wadda ta fi yi masa ciwo ita ce ta 1987, da aka ba Herbie Hancock, alhali yawancin kiɗan fim ɗinsa tsofaffin waƙoƙi ne. Da wuya a raba wannan jinkiri da yadda Morricone ya ƙi ƙaura zuwa Hollywood, bai kuma koyi Turanci ba.

A 2007 aka ba shi lambar girmamawa. Ta gasa sai a 2016, yana da shekara 87, kuma a kan The Hateful Eight, fim ɗin kaboyi. Da Italiyanci ya yi jawabin godiya, tafinta na fassarawa.