Kalmar "Tuba" Da Masu Wa'azin Da Ke Tsaga Girkanci A Kan Mumbari

Akwai wani salo da ya zama ruwan dare a wa'azin coci, daga Jos har Sabon Garin Kano. Mai wa'azi zai karanta aya da Hausa, ya ɗan dakata, ya gyara zaman tabarau, sannan ya ce, "Amma a Girkanci..." Nan take jama'a sai su yi tsit, domin an nuna musu cewa littafin da ke hannunsu bai faɗi duka ba, ragowar tana wajen mai ilimi. Kalmar da ta fi shan wannan fiɗa ita ce metanoia, wadda Littafi Mai Tsarki na Hausa ya fassara da "tuba". Sai a raba ta gida biyu, a ce meta sauyi ne, nous kuma tunani ne, don haka tuba ba kome ba ce illa sauya tunani. Ba sai an yi nadama ba, ba sai an mayar wa kowa kayansa ba.

Rabawar daidai take. Hukuncin da aka ɗora a kanta ne ba shi da ƙafa.

Ba yau aka fara rigima a kan wannan kalma ba, kuma a da rigimar har rayuka ta ci. A shekarar 382 Fafaroma Damasus ya sa wani malami mai suna Jerome ya gyara fassarar Linjila ta Latinanci. Inda Girkanci ya yi umurni da tuba, Latinancin ya zo da kalmomi biyu, paenitentiam agite. A asalin Latinanci wannan na nufin "ku yi nadama". Amma harshe ba ya zama wuri ɗaya. Da ƙarnoni suka shuɗe, sai jama'a suka koma jin kalmomin a matsayin umurnin a je gaban limamin coci a furta zunubi, a karɓi aikin kaffara. Zuwa farkon ƙarni na 16 har takardun sassauta azaba ake sayarwa, ana tara kuɗin ginin cocin Bitrus da ke Rum.

A 1516 wani malami mai suna Erasmus ya buga Sabon Alkawari da Girkanci a birnin Basel, ya jera sabuwar fassarar Latinanci a gefensa, kowa ya ga cewa asalin bai ambaci kaffara ba. A bugu na 1519 ma sai ya zaɓi kalmar da ke nufin mutum ya dawo cikin hayyacinsa. Tsakanin bugun biyu, a ƙarshen Oktoban 1517, Martin Luther ya fitar da batutuwansa 95 a Wittenberg, kuma na farkonsu a kan wannan kalma yake: a ganinsa tuba aiki ne na dukan rayuwar mai bi. Ɗan Ingila William Tyndale kuwa ya cire "kaffara" daga fassararsa ta 1526, Thomas More ya yi masa ca a rubuce, a 1536 kuma aka shaƙe Tyndale aka ƙone gawarsa a Vilvoorde, kusa da Brussels, bisa tuhumar bidi'a. Abin lura shi ne, Luther da Tyndale sun koma Girkanci ne don su ƙara wa tuba nauyi. Masu tsaga kalma na yau kuwa rage mata suke yi.

Kuskuren nasu kowane Bahaushe zai gane shi da harshensa. A ce baƙo ya zo koyon Hausa, ya ji an ce wane yana farin ciki, sai ya raba kalmar, ya sanar da duniya cewa Hausawa in sun ji daɗi tumbinsu fari yake komawa. Ko ya ji an ce an ci amana, ya tambayi da wace miya. Ma'anar kalma tana wajen masu furta ta, da inda suke furta ta. Wani masani ɗan Sikotlan, James Barr, ya rubuta littafi guda a 1961 yana jan kunnen malaman tauhidin Kirista a kan wannan ɗabi'a, amma har yau ba ta bar mumbari ba.

Ga dunamis, wato iko. An sha jin cewa daga gare ta aka samo sunan nakiyar dainamait, don haka bishara nakiya ce. To amma Alfred Nobel ya yi rajistar nakiyarsa a 1867, shekara kusan 1,800 bayan Manzo Bulus ya ajiye alƙalami (shi kansa "alƙalami" jikan kalamos ne na Girkanci, ya biyo ta Larabci ya iso mu). Ga ekklesia, wadda ta zama "ikilisiya" a Hausa. Ana cewa ma'anarta "waɗanda aka kira su fito daga duniya". Amma a Ayyukan Manzanni sura 19, taron masu zanga-zangar da maƙeran azurfa suka tayar a Afisa, shi ma da wannan kalma aka kira shi. Taro ne kawai. Sai agape, wadda ake cewa ƙauna ce ta Allah zalla. A tsohuwar fassarar Girkanci ta Tsohon Alkawari, da aikatau na wannan kalma aka bayyana son da Amnon ya yi wa Tamar, son da ya ƙare da fyaɗe.

Ba abin mamaki ba ne. Girkancin Sabon Alkawari, wanda ake kira Koine, harshen kasuwa ne da tashar jirgin ruwa. Tun ƙarshen ƙarni na 19 da aka fara tono tsofaffin takardu daga jujin Oxyrhynchus a Masar, masana irin su Adolf Deissmann suka ga kalmomin da ake zaton na sama ne a cikin rasit, takardar haya da wasiƙar ɗa zuwa ga uwarsa.

Wanda ke son sanin me metanoia ke nufi, sai ya bi ta inda ta bi, don ita da aikatau ɗinta sun fito sama da sau 50. A Luka sura 3, da Yahaya Mai Baftisma ya yi kiran tuba, mutane suka tambaye shi abin da za su yi. Bai aike su zaman tunani ba. Masu karɓar haraji ya hana su karɓar fiye da ƙa'ida, sojoji ya hana su ƙwace da ƙage, mai riga biyu ya sa shi ya ba marar ko ɗaya. A Luka sura 19, Zakka, shugaban masu karɓar haraji a Yariko, ya ɗauki alkawarin mayar da ninki huɗu ga duk wanda ya cuta. Yahuza Iskariyoti kuwa, da ya mayar da azurfa 30, wata kalma dabam Matiyu ya yi amfani da ita, metamelomai, wadda ta fi kusa da "da na sani". Ko a nan ma kada a yi saurin kafa doka, don a Matiyu sura 21 da ita aka ba da labarin ɗan da ya ƙi aiken ubansa, daga baya ya sake shawara ya tafi gonar, kuma shi aka yaba.

Akwai kuma abin da masu "a Girkanci" ke mantawa. Yesu Almasihu, wanda Musulmi ke kira Annabi Isa, da Aramiyanci yake yi wa mutanen Galili wa'azi. Tsohuwar fassarar Suriyanci da ake kira Peshitta, wadda harshenta reshen Aramiyanci ne, ta kawo umurnin nan da kalmar tubu, wato ku juyo, ku komo. 'Yar'uwa ce ga shub ta Ibrananci da tauba ta Larabci, wadda Hausa ta aro tun zuwan Musulunci. Ashe masu fassara, tun daga James Schön a ƙarni na 19 zuwa Walter Miller na Zariya da abokan aikinsa da suka fitar da cikakken Littafi Mai Tsarki a 1932, ba su yi hasara ba da suka ɗauki "tuba". Sun samu kalmar da ta riga ta zo da kayanta. Ɗan makarantar zaure ya san sharuɗɗanta: nadama, barin laifin, ƙudurin rashin komawa, da mayar da haƙƙi ga mai shi. Zakka bai yi ƙasa da haka ba.

Wannan ne ma ya sa mutanen karkara ke ɗaure fuska in suka ji ana cewa "tubabbun 'yan bindiga" alhali shanun da aka kora ba su dawo ba. Ba su karanta Girkanci ba, amma sun san kalmar ba ta cika ba.

Koyon Girkanci abu ne mai kyau, kuma makarantun horar da fastoci su ci gaba da koyar da shi da gaske, har ɗalibi ya iya karanta sura sukutum, ba ya haddace kalmomi goma na burga ba. Mai sauraro kuma, in an sake ce masa "amma a Girkanci", yana da ikon tsayar da fasto a bakin ƙofa bayan sujada, ya ce cikin ladabi: "Baba, a waɗanne ayoyi kuma kalmar ta fito, mu je mu duba?"