Wasan Kwaikwayo Ba Shiririta Ba Ne

Bana 'yammata uku suka janye daga ƙungiyarmu ta wasan kwaikwayo, domin an ce musu a gida wai wannan aikin marasa abin yi ne. Har sai da muka ɗaura wa wani yaro ɗankwali ya fito a uwar gida. Jama'a sun sha dariya, amma ni abin bai ba ni dariya ba. Shi ya sa nake so in ba iyayenmu labarin wata Baturiyar Ingila mai suna Glenda Jackson.

An haife ta a garin Birkenhead cikin 1936. Ubanta magini ne, uwarta kuwa aikatau take yi. Da ta bar makaranta sai ta kama aiki a kantin sayar da magani na Boots. Da wasan ƙungiya irin namu ta fara, daga nan ta sami gurbi a makarantar koyon wasa ta RADA a Landan cikin 1954. Kada a zaci daga fitowarta sai daɗi. Ta daɗe tana fama da rashin aiki kafin ta shiga ƙungiyar Royal Shakespeare. Cikin 1971 ta fito a Sarauniya Elizabeth ta Ɗaya a talabijin na BBC, har ta yarda aka aske mata gaban kai don ta yi kama da sarauniyar. Sau biyu tana cin lambar Oscar ta Amurka, kuma ko sau ɗaya ba ta je karɓa da hannunta ba.

To, ga inda nake so a lura. Cikin 1992, tana da suna da kuɗi, sai ta ajiye wasa ta tsaya zaɓe a jam'iyyar Leba, ta ci kujerar Hampstead da Highgate a majalisar dokoki. Ta yi ƙaramar ministar sufuri daga 1997 zuwa 1999. Shekara 23 ta yi a majalisa, kuma a zaɓen 2010 da ƙuri'a 42 kacal ta tsira. Ina 'yar magini ta koyi tsayawa gaban manya ta yi magana ba gargada? A ganina a dandalin wasa ta koya, inda ake haddace shafi ɗari, a zo kan lokaci, a jure wa gyaran mai koyarwa.

Na san za a ce can Ingila ne, al'adarsu dabam, tamu dabam. Gaskiya ne. Akwai finafinanta da ni kaina ba zan zauna in kalla tare da babana ba, kuma ba na cewa ƙannenmu su bi sawunta a komi. Amma wasan makaranta da Hausa ake yi, da rana tsaka, gaban malamai.

Bayan ta bar majalisa cikin 2015 ta koma sana'arta. Cikin 2016, tana da shekara 80, ta fito a Sarki Lear na Shakespeare, watau tsohon sarkin nan da ya raba ƙasarsa tsakanin 'ya'yansa mata ya yi da na sani. Mace ce ta ɗauki rawar namiji, mu kuwa a nan namiji ke ɗaura ɗankwali! Ta rasu cikin Yuni 2023.

Roƙona ga iyayen 'yammatan nan uku shi ne su zo ranar Asabar da la'asar su zauna a bayan zaure su ga yadda muke gwaji, sa'an nan su yanke hukunci.