Mu Daina Jiran Gidan Rediyo

Kullum kukanmu ɗaya ne: babu tashar da ke sa waƙoƙin bishara dare da rana a Birnin Kudu ko Gwaram. Kukan nan ya isa haka. Dokar NBC ta 1992 ta hana ba ƙungiyar addini lasisin rediyo, saboda haka mai jiran tashar ikilisiya zai daɗe yana jira.

Iyayenmu ba su jira ba. A Jos suke naɗar waƙa da wa'azi da Hausa, su aika wa ELWA, wadda ta fara aiki a Laberiya a 1954, da Muryar Bishara ta Habasha, wadda aka buɗe a 1963. Sojoji sun ƙwace ta Habasha a 1977, yaƙi ya rushe ELWA a 1990, amma yabon bai mutu ba.

Mu fa? Wayoyinmu cike da waƙoƙin Legas da Amurka, tsofaffinmu kuwa suna tafiya da nasu. Lahadin nan ku naɗi waƙoƙin zumuntar mata, ku tura wa juna. Ubangiji ya taimake mu, amin.